Global Jukebox: Taskar Muryoyin Duniya da Ma'aunin da Aka Ɗora wa Muryar Mace

Wanda ya buɗe shafin Global Jukebox a karon farko zai tarar da taswirar duniya an yayyafa mata ɗigo-ɗigo masu launi iri-iri, kowane ɗigo yana tsaye a madadin wata al'umma, kuma da zarar ya latsa ɗaya sai ya ji muryoyin mutanen wurin, waɗanda da yawa daga cikinsu an naɗe su tun tsakiyar ƙarnin da ya wuce, a gona ko a bakin teku ko a tsakiyar daji. An aro sunan ne daga na'urar nan da aka saba girkewa a wuraren shaƙatawa na Amurka, wadda mutum zai jefa wa tsabar kuɗi ya zaɓi faifan da yake so, sai dai wannan ba ta karɓar ko sisi. Ƙungiyar Association for Cultural Equity, wadda Alan Lomax, Ba'amurke mai tattara waƙoƙin gargajiya kuma wanda ya assasa wannan aiki, ya kafa a New York a 1983, ita ce ta buɗe shafin ga jama'a a 2017, a ƙarƙashin jagorancin 'yarsa Anna Lomax Wood, wadda ita ma masaniya ce a ilimin nazarin ɗan'adam da al'adunsa. Na shafe makonni ina shiga ina fita, kuma abin da na fito da shi shi ne, a matsayinsa na wurin sauraro samun wanda ya kama ƙafarsa sai an tona, amma a matsayinsa na malamin da ke fassara abin da kunne ya ji, musamman a kan sha'anin mata, wajibi ne a tauna maganarsa sosai kafin a haɗiye.

Ƙashin bayan shafin wani rumbun bayanai ne da ya ƙunshi waƙoƙin gargajiya 5,776 daga al'ummomi 1,026, kowace waƙa an auna ta da ma'auni 37. Ana iya shiga ta taswira, ana kuma iya shiga ta wata da'ira mai kama da ƙafar keke, inda aka jera yankunan duniya da rassansu, mutum ya yi ta gangarawa daga nahiya zuwa yanki har ya isa ga al'ummar da yake nema. Akwai kuma wasu tafiye-tafiye da masana suka shirya, inda ake ɗaukar mai sauraro daga waƙa zuwa waƙa tare da bayani, da darussan da aka tsara domin malaman makaranta. Tun daga 2022 an saki dukkan alƙaluman domin duk mai buƙata ya sauke kyauta, an kuma haɗa su da wani rumbun mai suna D-PLACE, wanda ya tattara bayanan harsuna da muhalli da tsarin zaman al'ummomi. Harshen da shafin ya dogara da shi Turanci ne, kuma taswira mai ɗigo sama da dubu ta fi sakewa a fuskar kwamfuta fiye da ta waya.

Ba za a fahimci abin da shafin yake ƙoƙarin faɗa ba sai an san mutumin da ya haƙa rijiyar. An haifi Lomax a 1915 a jihar Texas, kuma yana da shekara 18 ya fara bin mahaifinsa, John Lomax, gidajen yari da gonakin kudancin Amurka suna naɗar waƙoƙi domin ɗakin karatu na majalisar dokokin ƙasar. A shekarun 1950 ya koma Turai da zama, ya zagaya Sifaniya a 1952 da 1953 a zamanin mulkin kama-karya na Janar Franco, 'yan sanda suna biye da shi, sannan ya zagaya Italiya a 1954 da 1955 tare da masanin kiɗa Diego Carpitella. A waɗannan tafiye-tafiye ne ya lura da abin da ya riƙe masa zuciya har ƙarshen rayuwarsa. A kudancin ƙasashen biyu, inda ake tsananta tsaron 'yan mata kuma ake ɗaure mutuncin iyali ga budurcinsu, ya ji ana waƙa da siririyar murya matsattsiya mai hawa sama kamar ana shaƙe maƙogwaro, yawanci mutum ɗaya tilo, har waƙoƙin reno ma suna ɗauke da baƙin ciki. Da ya haura arewa, inda cuɗanyar maza da mata ta fi sauƙi, sai ya ji muryoyi a buɗe, ana waƙa a ƙungiya, muryar wannan tana narkewa cikin ta wancan. Daga nan ya ƙudurta cewa yadda ake rera waƙa, ba abin da ake faɗa a cikinta ba, yana tona asirin yadda al'umma take zaune.

A shekarun 1960, a Jami'ar Columbia, shi da masanin kiɗa Victor Grauer da masanin al'adu Conrad Arensberg suka mayar da wannan zato tsarin aunawa da suka kira Cantometrics, suka buga sakamakonsa a 1968. Hikimar tsarin ita ce bai buƙatar mutum ya iya rubutun kiɗa irin na Turawa, kunne kawai yake so a horar. Mai aunawa zai saurari waƙa ya amsa tambayoyi: mutum ɗaya ne ke yi ko ƙungiya, akwai mai bayarwa da 'yan amshi ko kowa yana saka nasa guntun, kalmomi suna da yawa ko ana ta maimaita kaɗan, muryar a buɗe take ko a matse, ta hanci ce ko ta ƙirji, tana da kaushi ko sumul take, ana furta baƙaƙe tiryan-tiryan ko ana haɗiye su. Bayan an gama sai a ɗauki waɗannan alƙaluma a gwada su da bayanan da masanin al'adu George Murdock ya tattara a kan yadda al'ummomi suke noma da aure da mulki.

A nan ne shafin ya fi burge ni, domin koyon waɗannan ma'auni yana sauya yadda mutum yake ji. Na zauna da abin saurare a kunne na kunna waƙar Mbuti, mafarautan dajin Ituri da ke arewa maso gabashin Jamhuriyar Dimokuraɗiyyar Kwango. Da farko abin ya zo mini kamar hayaniya mai daɗi, ban iya raba wannan murya da waccan ba. Da na sake kunnawa ina neman amsar tambayar farko, wato wane ne shugaban waƙar, sai na gane babu shi. Wata murya ta jefa sauti biyu ta tsaya, wata ta cike gurbin, ta uku ta hau sama ta sauko cikin karyewa, kuma babu wadda take riƙe da karin gaba ɗaya, sai an haɗa su ne zanen yake fitowa, kamar yadda zare ɗaya ba ya nuna adon saƙa. Daga nan na tsallaka zuwa kudancin Italiya, na ji mutum ɗaya yana jan sauti guda yana lanƙwasa shi, muryar a tsuke har nakan ji nawa maƙogwaron yana ɗaurewa. Tsakanin waɗannan biyun mintuna ne kawai da latsawa biyu, alhali a da sai mutum ya mallaki tarin faya-fayai ko ya sami izinin shiga ɗakin adana na wata jami'a kafin ya yi irin wannan kwatanci. Ko da wannan kaɗai shafin ya tsaya, ya biya kuɗin sabulu.

Inda gizo ke saƙar shi ne abin da Lomax ya gina a kan wannan kwatanci. Ya ce a al'ummomin da mata suke samar da rabin abinci ko fiye, aka kuma ɗauki aikinsu daidai da na maza, an fi samun waƙar muryoyi masu yawa da suke saƙa da juna cikin jituwa. Ya ce inda aka tsananta hukunci a kan mace game da saduwa kafin aure, an fi samun matsattsiyar murya da murya ta hanci. Ya kuma danganta kaushin murya da tarbiyyar da ke cusa wa yara maza zafin nama da nuna isa. Maganar tana da jan hankali, kuma Mbuti sun dace da ita sarai, domin kamar yadda masanin al'adu Colin Turnbull ya bayyana bayan zamansa da su a shekarun 1950, a farautarsu ta raga mata ne suke koro namun daji zuwa inda maza suka kafa ragar, kuma 'yan mata suna da nasu bikin balaga mai suna elima da waƙoƙinsa. Ya kamata a yaba wa Lomax a kan cewa ya ɗauki matsayin mace a matsayin abin da zai iya bayyana al'ada gaba ɗaya, a lokacin da yawancin masu nazarin kiɗa ba sa ko waiwayar wannan tambaya, domin sai a shekarun 1980 ne nazarin mata da waƙa ya zama fage mai zaman kansa, ta hannun masana irin su Ellen Koskoff.

Amma mai sauraro ba zai yi nisa a taswirar ba kafin ya fara tuntuɓe. A tsibirin Sadiniya na Italiya makiyaya suna da waƙar muryoyi huɗu mai ban mamaki, wadda UNESCO ta karrama a 2005, kuma maza ne zalla suke yin ta, biyu daga cikinsu da murya mai gurnani daga can cikin maƙogwaro. A ƙasar Jojiya waƙar muryoyi uku ta shahara a duniya, kuma mafi shaharar nau'o'inta na maza ne, a al'ummar da ba wanda zai ce mace ce ke jan ragamarta. Ana iya cewa ƙididdiga ba ta yi alkawarin dacewa da kowa ba, rinjaye kawai take nunawa, kuma wannan gaskiya ne. Sai dai idan aka bar mai karatu da jimla guda mai daɗin haddacewa, cewa murya a buɗe alamar 'yancin mace ce, zai ɗauke ta ya riƙa yi wa al'ummomi kuɗin goro, ya ji wata tsohuwa tana waƙa da siririyar murya ya yanke cewa a ƙuntace take, alhali mai yiwuwa a wurin mutanenta wannan siririyar muryar ita ce ƙololuwar gwaninta da ake shekaru ana koyo.

Akwai kuma matsalar da ta fi wannan zurfi, wadda masu suka suka daɗe suna nunawa. A binciken farko kimanin waƙoƙi goma ne suke wakiltar kowace al'umma, kuma idan aka raba adadin waƙoƙin yanzu da adadin al'ummomin, abin da zai fito bai kai shida ba. Al'umma kuwa tana da waƙar aiki da ta makoki da ta reno da ta ibada da ta wasa, kowace da muryarta, kuma waɗanda suka shiga rumbun su ne waɗanda wani baƙo ya sami damar naɗa. Wannan baƙon a mafi yawan lokuta namiji ne, kuma a wurare da yawa akwai ƙofar da ba a buɗe wa namiji, balle baƙo. A tsakiyar Ostireliya matan 'yan asalin ƙasar suna da nasu bukukuwa da waƙoƙi da zanen jiki, waɗanda al'ummar Warlpiri suke kira yawulyu, maƙwabtansu kuma suke kira awelye, kuma ta cikinsu mata suke riƙe da haƙƙinsu a kan ƙasa da tarihin kakanni. Masu binciken farko da yawa sun raina wannan ɓangare ko sun tsallake shi, sai da mata irin su Catherine Berndt da Catherine Ellis da Diane Bell suka zauna da matan kafin girman abin ya bayyana ga na waje. Saboda haka duk ma'aunin da za a yi wa muryar mace daga tsofaffin faya-fayai, ana auna abin da aka bari namiji ya ji ne.

Misalin da ya fi warware mini zare shi ne na Kaluli, mazauna dajin da ke gindin dutsen Bosavi a Papuwa Niyu Gini, waɗanda masanin kiɗa Steven Feld ya fara zama da su a 1976. A kunne waƙarsu tana kama da abin da Lomax zai kira muryar daidaito, domin muryoyi suna hawa kan juna suna bin sawun juna ba tare da wani ya zama shugaba ba. Feld ya tabbatar da cewa lallai ba su da sarki ko masu sarauta, amma ya nuna cewa daidaiton na tsakanin maza ne. Babban bikinsu na gisalo a hannun maza yake: baƙi ne suke shirya waƙoƙi masu ambaton sunayen ƙoramu da gonaki da itatuwa, har sai masu masauki sun tuna mamatansu sun fashe da kuka, sannan su rama ta hanyar ɗana wa mai rawa wuta a kafaɗa. Mata kuwa fagensu kukan makoki ne mai kari, wanda yake farawa da hawaye ya rikiɗe ya zama waƙa, kuma suna danganta karinsa da kukan wani tsuntsu da suka yi imani ruhin mamaci ne. Ma'auni 37 za su iya faɗin cewa sautin yana saukowa daga sama zuwa ƙasa, amma babu layin da zai faɗi cewa sunan ƙoramar nan shi ne ya sa wancan mutumin kuka. Haka ma katajjaq na matan Inuit a arewacin Kanada, inda mata biyu suke fuskantar juna suna musayar sauti daga maƙogwaro har sai numfashin ɗaya ya ƙare ko dariya ta ƙwace mata. Su a wurinsu wasa ne da gasa, 'yan mishan sun taɓa hana shi, lardin Kebek kuma ya amince da shi a matsayin gadon al'ada a 2014, kuma wanda ya auna shi a matsayin waƙa kawai ya bar rabin labarin a baya. Da ma an ce waƙa a bakin mai ita ta fi daɗi, kuma a nan har ma'anarta ma a bakin mai ita take.

Adalci ya sa a faɗi cewa masu kula da shafin ba su toshe kunne ga suka ba. Tsohon ƙorafi ne, wanda masani ɗan Birtaniya Francis Galton ya fara tayarwa tun ƙarshen ƙarni na 19, cewa idan al'ummomi biyu sun yi kama, mai yiwuwa gado ɗaya suka ci ko maƙwabtaka ta sa suka kwaikwayi juna, don haka ba shaidu biyu ba ne masu zaman kansu. A takardar da Anna Lomax Wood da Patrick Savage da abokan aikinsu suka buga a mujallar PLOS ONE a 2022, sun sake gwada ɗaya daga cikin zantukan Lomax da hanyoyin ƙididdiga na zamani da suke la'akari da wannan matsala, suka samu cewa dangantakar da ke tsakanin salon waƙa da sarƙaƙiyar tsarin al'umma tana nan daram, suka kuma amsa da bakinsu cewa ba a warware dalilin hakan ba. Abin lura shi ne wannan gwaji a kan girman al'umma da matakan mulki yake, don haka bai kamata mai karatu ya ɗauke shi a matsayin hatimin da ya tabbatar da zantukan da suka shafi mata ba.

Saura maganar wane ne mai waƙar, kuma a nan tarihin fannin gaba ɗaya yana da tabo. Wata mata mai suna Afunakwa, 'yar al'ummar Baegu a tsibirin Malaita na Tsibiran Solomon, ta rera waƙar reno wadda masanin kiɗa Hugo Zemp ya naɗa, UNESCO kuma ta fitar da ita a faifai a 1973. A 1992 wasu makaɗan zamani a Faransa suka ɗauki muryarta suka ɗora mata kiɗan na'ura, abin ya karɓu a duniya, aka yi ta talla da shi, ba tare da an ambaci sunanta ba. Bayan 'yan shekaru wani shahararren mai busa ɗan ƙasar Norwe ya sake busa karin yana zaton daga tsakiyar Afirka ya fito. Kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi. Shi kansa Lomax bai tsira daga irin wannan zargi ba, domin sunansa da na mahaifinsa sun bayyana a rajistar haƙƙin mallakar wasu waƙoƙin da suka tattaro daga bakin wasu, duk da cewa shi ne kuma ya yi kira a 1972 da a ba kowace al'ada damar jin muryarta a kafafen watsa labarai, yana gargaɗin cewa idan aka bar 'yan tsiraru suna watsawa sauran duniya tana saurare kawai, al'adu za su koɗe su zama launi ɗaya. Wanda ya duba bayanan da suke tare da tsofaffin naɗe-naɗe zai ga gadon wancan zamani, inda sau da yawa sunan mai riƙe da rikoda yake a rubuce cikakke, mai waƙar kuwa a ce wata mace ko ƙungiyar mata.

Wannan ne ya sa abin da wasu za su ɗauka naƙasu ni na ɗauke shi abin yabo. Ba kowace waƙa da ke cikin rumbun ce take kunnuwa ba, domin masu shafin sun bayyana cewa suna sakin sauti ne gwargwadon abin da haƙƙin mallaka da muradin masu al'adar suka ba da dama. A wurin al'ummomi da dama na 'yan asalin Ostireliya da na arewacin Amurka, waƙa tana da mai ita da lokacinta da waɗanda aka yarda su ji ta, akwai ta maza da mace ba ta ji, akwai ta mata da namiji ba ya ji, kuma a wasu yankunan Ostireliya sauraron muryar mamaci ma abu ne da ake kaffa-kaffa da shi. Ƙungiyar da ke kula da shafin ta kuma daɗe tana mayar da kwafin abin da Lomax ya naɗa zuwa wuraren da ya samo su, kamar tsibiran Karibiyan da ya zagaya a 1962 da garuruwan jihar Mississippi, yayin da asalin kayan nasa suke ajiye a ɗakin karatu na majalisar dokokin Amurka tun 2004, shekara biyu bayan rasuwarsa.

Ɗalibin nazarin al'adu da malamin kiɗa da mai shirya shirin rediyo za su amfana da shafin ƙwarai, muddin sun shiga da niyyar sauraro da neman tambaya, sannan su fita su nemi rubuce-rubucen waɗanda suka zauna da mutanen, musamman abin da 'ya'yan al'ummomin suka rubuta da kansu. Wanda yake da haƙuri ya fara da darussan horar da kunne da ke tare da ma'aunin, waɗanda suke zuwa da misalan sauti, domin bayan 'yan kwanaki zai fara rarrabe murya ta hanci da matsattsiya, abubuwa biyu da ni kaina na daɗe ina gwamutsawa. Wanda kuma yake son ya ɗauki wata murya ya saka a nasa kiɗan ko bidiyonsa, ya sani cewa sauraro a shafin bai ba shi wannan izini ba, sai ya bi ta hannun masu haƙƙin da aka ambata a bayanan waƙar.